SHIN YA HALATTA A BIYA KUƊI A JE KALLON INDA MUTANE SUKA NUTSE?

Bismillahir Rahmanir Rahim.

Daren Litinin da ta wuce, bayan mun idar da sallar Isha'i a nan Fagge, wani matashi ya tsaya har jama'a suka watse, sannan ya matso ya durƙusa ya ce, "Allah gafarta Malam, ina da tambaya, amma ina jin nauyin yin ta cikin mutane." Yaron kirki ne, na san mahaifinsa. Yana da ɗan ofis inda yake shirya wa mutane tafiya: Umara, biza, tikitin jirgi, da masu zuwa Masar neman magani ko saro kaya. Ya ce wani abokin hulɗarsa na can ya kawo masa shawarar su ƙara wani abu cikin tsarin tafiyar. Idan baƙo ya gama abin da ya kai shi Alƙahira, a kai shi gaɓar Bahar Maliya, a sa shi a ƙaramin jirgin ruwa na yini guda tare da ɗan jagora, a zagaya da shi wuraren da manyan jirage suka nutse, ana ba shi labarinsu. Wanda ya iya nutso a ɗaura masa tukunyar iska ya sauka ya gani da idonsa. Shi kuma yana da la'ada a kan kowane mutum ɗaya.

Ya ce, "Malam, kuɗin da kyau. Amma da na karanta labarin ɗaya daga cikin jiragen, sai na kasa barci."

Gaskiya kalmar "haramun" ta zo min har bakin harshe. Na haɗiye ta. Mu masu wa'azi muna da wannan cutar, abin da ba mu saba da shi ba mukan yi saurin rufe shi da kalma ɗaya don mu huta. Na ce masa ya ba ni kwana uku. Abin da na tattara a kwana ukun nan shi ne zan rubuta, da izininsa, domin na lura tambayar ta fi ofishinsa faɗi. Wani zai ce mu da ruwanmu bai wuce Jakara ba, ina ruwanmu da jiragen teku? Ka yi haƙuri ka karanta zuwa ƙarshe, za ka ga maganar ta dawo gida.

Jirage biyu ne ya ambata min.

Na farko sunansa Thistlegorm, jirgin dakon kaya na Ingila. Jiragen saman Jamus suka jefa masa bom a watan Oktoba na 1941, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, ya nutse kusa da yankin Sina'i da kayan yaƙin da ya ɗauko: babura, manyan motoci, takalman soja, har da kawunan jirgin ƙasa. Mutum tara suka mutu. Har yau baburan suna nan a jere a cikinsa, kifi na ratsa su.

Na biyun shi ne ya hana yaron barci. Sunansa Salem Express. Ya taso daga Jidda zuwa tashar Safaga ta Masar a watan Disamba na 1991, cike da fasinja, da yawansu masu dawowa daga Umara da ma'aikata masu komawa gida wurin iyalinsu. Cikin dare, ana iska, aka bi da shi ta gajeriyar hanya kusa da gaɓa don a rage lokaci, ya daki dutsen murjani na ƙarƙashin ruwa. Cikin kamar minti ashirin ya nutse. Lissafin hukuma ya haura mutum 460, kuma mutane da yawa suna ganin adadin ya fi haka. Ba a iya ciro duka gawarwakin ba, sai aka toshe wasu sassa na jirgin da su a ciki. Yana nan kwance a zurfin kamar mita 30. Masu nutso suna ganin akwatuna da jakunkunan mutane, da motoci, da kwale-kwalen ceto da ba a samu damar amfani da su ba. Ka san irin tsarabar da mai dawowa daga Jidda yake ɗaukowa. Ka tuna da taka, ko ta mahaifiyarka. Irinta ce a can ƙasa.

Wannan teku kuwa ba baƙonmu ba ne. Kakanninmu da suka tafi Hajji a ƙasa, ta Barno da Chadi da Sudan, wasu shekara da shekaru suna tafe suna noma a hanya, a ƙarshe nan suke isa, su hau jiragen katako daga Sawakin su tsallaka Jidda. Tarihin sarakunan Barno ma ya kawo cewa Mai Dunama na farko a wannan tekun ya nutse a tafiyarsa ta Hajji ta uku. Allah kaɗai Ya san talakawa nawa namu ruwan ya riƙe waɗanda ba wanda ya rubuta sunansu.

To mu fara da asali. Shin zuwa ganin kufai da burbushin abin da ya halaka laifi ne a kan kansa? A'a. Alƙur'ani a wurare da dama ya yi umarni a yi tafiya a bayan ƙasa a duba yadda ƙarshen na farko ya kasance. Kuma abin mamaki, biyu daga cikin manyan ayoyin da aka ce an bar wa na baya, na ruwa ne. Jirgin Annabi Nuhu (A.S), a Suratul Ankabut da Suratul Ƙamar. Da gangar jikin Fir'auna, a Suratu Yunus aya ta 92, inda Allah Ya bayyana cewa Ya fitar da jikin ne domin ya zama aya ga masu zuwa, sannan a ayar dai Ya faɗi cewa mutane da yawa gafalallu ne ga ayoyinSa. Ka lura da wannan haɗin. An ajiye abin don a gani, kuma an faɗa tun farko cewa mafi yawan masu ganin ba za su ga komai ba. Ashe matsalar tana wajen mai kallo.

Daga nan hankalin duk ɗalibin ilimi zai tafi ga hadisin Hijir, garin Samudawa. Buhari da Muslim sun ruwaito daga Abdullahi ɗan Umar cewa a tafiyar Tabuka, shekara ta 9 bayan Hijira, da rundunar ta biyo ta wurin, Manzon Allah (S.A.W) ya hana shiga gidajen waɗanda aka yi wa azaba sai dai mutum yana mai kuka, don tsoron kada abin da ya same su ya same shi. Ya lulluɓe kansa ya ƙara sauri har ya wuce kwarin. Waɗanda suka ɗebi ruwan rijiyoyin wurin aka ce su zubar, ƙullun da suka kwaɓa da shi su ba raƙuma. Wannan hadisin shi ne na fara riƙewa, na ce shi ke nan, an gama.

Amma da na kwana a kansa sai na ga ƙiyasin bai zauna daidai ba, kuma akwai haɗari a cikinsa. Hijir wurin azaba ne da nassi. Su wa ke cikin Salem Express? Musulmi ne, wasunsu ko sati ba su yi da ɗawafi ba. Hadisi ingantacce, a Muwaɗɗa da Buhari da Muslim, ya lissafa wanda ruwa ya ci cikin shahidai. Idan na ɗauki hukuncin garin Samudawa na ɗora musu, na yi musu ƙazafi ban sani ba. Kuma wannan kuskuren muna yinsa a nan gida. Da zarar haɗari ya faru za ka ji wani yana cewa ai zunubi ne ya yi yawa a garin, ai bikin nan da ma an yi kiɗa a cikinsa. Wa ya ba ka labarin gaibu? Ka bar mamaci da Ubangijinsa.

Abin da za a ɗauka daga hadisin Hijir a nan shi ne ladabin zuciya: ba a tsayawa a inda mutuwa ta yi ɓarna ana shewa. Amma hukuncin wurin kansa, a ganina, daga wani babi zai fito, babin maƙabarta.

Malaman fiƙihu sun daɗe da yin maganar wanda ya rasu a cikin jirgi alhali tudu na da nisa kuma ana tsoron gawar ta canza. Suka ce a yi masa wanka, a sa masa likkafani, a sallace shi, a saka shi cikin teku. Ma'ana teku ya zama masa kabari. To jirgin da aka toshe da ɗaruruwan Musulmi a ciki, me ya rage masa bai zama maƙabarta ba? Katanga ce kawai babu.

Idan mun yarda da wannan, sauran ya zo da sauƙi, domin hukuncin maƙabarta kowa ya san shi. An hana ziyararta da farko, daga baya aka yi izini saboda tana tuna lahira, kamar yadda ya zo a Sahihu Muslim. A yi sallama, a yi addu'a. An hana zama a kan kabari. Abu Dawuda ya ruwaito daga Nana A'isha (R.A) cewa karya ƙashin mamaci kamar karya shi ne yana raye. Alfarmar mutum ba ta mutuwa tare da shi. Saboda haka jirgin da zai tsaya a saman wurin, a ba da labari da gaskiya, Musulmin ciki su yi wa 'yan uwansu addu'a, ban ga abin da zai hana ba. Amma a kutsa cikin ɗakunan, a buɗe akwatin wata baiwar Allah, a ɗaga zanenta a yi hoto da shi, wannan ko a maƙabartar unguwarku aka yi ka san sunansa. Wanda kuma ya ɗauko wani abu ya sa a aljihu wai abin tunawa, ya sani kayan nan suna da masu su, magada suna nan da ransu a ƙauyukan Masar. Ko tsintuwar kan hanya shari'a ta ce a yi cigiyarta shekara guda, balle wadda ka san ta mamaci ce.

Wani abin da ya ba ni kunya: waɗanda ba Musulmi ba sun riga mu. Jirgin Estonia ya nutse a tekun Baltik a 1994 da mutum 852. Shekara ɗaya bayan haka ƙasashen Suwidin da Finlan da Estoniya suka sa hannu a yarjejeniya cewa wurin makwancin matattu ne, suka haramta wa 'yan ƙasarsu nutso a kansa. Ba su karanta babin jana'iza ba, fiɗira ce kawai ta yi aiki. A Masar ɗin ma akwai 'yan jagora da suke ƙin kai kowa cikin Salem Express, wasu kuma su yarda a zagaya ta waje kawai. Allah Ya saka musu.

Saura maganar kuɗi, wadda ita ce ainihin tambayar yaron.

Hayar jirgi halal ce. Ladan wanda ya san hanya ya nuna maka halal ne, Manzon Allah (S.A.W) da Sayyidina Abubakar sun ɗauki ɗan jagora da lada a tafiyar Hijira, kuma mutumin a lokacin bai ma musulunta ba. Mu mutanen Fagge bai kamata a koya mana wannan ba. Unguwar nan asalinta zangon ayari ce, nan fataken da suka keto Sahara suke sauke raƙumansu a wajen ganuwa, kuma ba ayarin da ke tashi ba madugu da jagaba. Ladan mai ba da labarin tarihi shi ma halal ne idan gaskiya yake faɗa. Kowane yanki ka ɗauka shi kaɗai, ba ka ga haramun.

Sai dai ciniki ba a yanka shi gunduwa-gunduwa a yi masa hukunci, ana duba abin da ake sayarwa ne a haƙiƙa. Na ce wa yaron ya nuna min tallan da aka turo masa. Ya buɗe waya. Kiɗa ne ke tashi, ga mutane suna dariya a saman jirgi, sai hoton akwatin nan a ƙarƙashin ruwa, sai a koma kan abincin rana. A nan na gane abin da ya hana shi barci. Abin sayarwar shi ne tsumar da jiki ke yi idan mutum ya leƙa mutuwar wani alhali shi yana cikin aminci, ya tsorata kaɗan, ya hau sama ya ci kifi. Mutuwar bayin Allah ta zama yaji a cikin miyar hutu. Kuma kasuwa tana da halinta, ku 'yan Kwari da 'yan kasuwar Sabon Gari kun fi ni sani: abin da mai saye ke so shi ake ƙarawa. Idan baƙi sun fi son labari mai tayar da tsikar jiki, ɗan jagora zai ƙara gishiri. Yau ya ƙara adadin matattu, gobe ya ce ana jin kuka da dare, jibi ya ƙaga wa matuƙin jirgin maganar da bai faɗa ba. Matattu ba sa iya ƙaryata shi.

Ku tuna da watan Yuni na 2023. A mako guda abubuwa uku suka faru. Kwale-kwale ya kife a yankin Patigi ta jihar Kwara da masu dawowa daga biki, fiye da mutum 100 suka rasu. Jirgin 'yan ci-rani ya nutse kusa da Girka da ɗaruruwan mutane, aka ceto 104 kacal. Sannan wani ƙaramin jirgin ƙarƙashin ruwa mai suna Titan ya tarwatse da mutum biyar a hanyarsu ta zuwa kallon Titanic, wanda ya nutse tun 1912 da mutum sama da 1,500, yana kwance a zurfin kusan mita 3,800. Kuɗin kujera ɗaya dala 250,000. Kwana da kwanaki duniya ba ta da labari sai na mutum biyar ɗin nan, har mu nan a majalisun shayi ana lissafin iskar da ta rage musu. Ba ina yi musu dariya ba ne, akwai uba da ɗansa matashi a ciki, kuma rai rai ne. Abin da nake nunawa shi ne yadda ido yake. Tsohuwar mutuwa mai suna ana biyan dukiya a je ganinta, sabuwar mutuwar talaka ko a kyauta ba mai son tsayawa a kanta.

Da kwana ukun suka cika na faɗa wa yaron duk wannan, ina jin na gama. Sai ya yi shiru, ya ce, "Malam, in yi magana?" Na ce bismillah. Ya ce, "Su dai ko da kiɗa ne sun san sunan jirgin, sun san shekarar, sun san gajeriyar hanya ce ta jawo. Mu fa? Yaran Bagwai, wa yake zuwa?"

Wallahi sai na rasa ta cewa.

Ranar Talata 30 ga Nuwamba 2021, kwale-kwale ya taso daga ƙauyen Badau zai tsallaka dam ɗin Watari zuwa Bagwai, a nan jihar Kano. Yawancin na ciki ɗaliban Islamiyya ne, yara, za su wajen Mauludi. An yi masa lodin da ya fi ƙarfinsa, ya kife. A kwana na farko da na biyu aka ciro gawa 29, aka ci gaba da neman saura. Daga nan Fagge tafiyar awa ɗaya ce da 'yan kai. Mun yi salati, mun yi ta tura hotuna, gwamnati ta dakatar da jigilar na wani lokaci, sai kuma wani labarin ya zo ya rufe. A wannan shekarar dai, a watan Mayu, wani ya kife a Warra ta jihar Kebbi da mutane fiye da ɗari a ciki. Bayan wata biyar da na Bagwai, wani ya kife a Shagari ta jihar Sakkwato. Ka tambayi kanka tsakaninka da Allah: yaushe rabonka da tuna ɗaya daga cikinsu? Ni dai sai da yaron nan ya tuna min.

Kuma kada mu yaudari kanmu cewa mu ba 'yan kallo ba ne. Mu ne ma sarakan kallo, tikiti ne kawai ba ma saya. Ranar 4 ga Mayu 2002, da jirgin sama ya faɗa kan gidaje a Gwammaja jim kaɗan da tashinsa, ina cikin waɗanda suka ruga. Ina ɗalibi lokacin. Na gaya wa kaina taimako zan je, amma ban ɗauki ko bokiti ba. Na tsaya cikin dubban mutane muka cika lungunan da masu ɗauko gawa da masu rauni suke neman hanya, na dawo ina ba da labari kamar wanda ya yi wani abin kirki. Har yau idan na tuna ina istigfari. Lokacin ma ba wayar hoto. Yanzu kuwa gobara ta tashi a kasuwar Sabon Gari, ko mota ta kife a titi, kafin a sami mai miƙa hannu an sami hamsin masu ɗaga waya. Fuskar gawa tana yawo a WhatsApp kafin a sanar da uwarta. Baturen da ya biya kuɗi ya je kan jirgin da ya shekara talatin a ruwa, da wanda ya tsaya kan ɗan uwansa yana shure-shuren mutuwa yana ɗauka, wa ya fi kusa da laifi?

Manyanmu a unguwar nan suna tuna 22 ga Janairu 1973, ranar da jirgin alhazai ya yi haɗari wajen sauka a filin jirgin Kano, mutum 176 suka rasu, suna dawowa daga Hajji. Su ma da tsarabarsu, kamar na Salem Express. Filin jirgin ga shi nan a bayanmu. Tara matasa goma a Fagge ka tambaye su, da wuya ka sami ɗaya da ya taɓa ji.

Saboda haka maganar yaron tana da ƙarfi, kuma dole in karɓe ta. Mantuwa ma nau'i ce ta wulaƙanta mamaci, kuma ita har kisa take yi, domin abin da aka manta dalilinsa sai an maimaita shi. Mun iya cewa "ƙaddara ce" mu rufe magana. Ƙaddara ce, haƙƙun, ba mai musun wannan sai wanda imaninsa ya samu matsala. Amma lodin mutum hamsin a jirgin mutum ashirin aikin hannun wani ne, kuma za a tambaye shi. Rashin rigar kariya a jikin yaro ɗan shekara takwas sakacin wani ne. Sayyidina Umar da ya ji annoba ta ɓarke a Sham ya juya da jama'arsa, da aka yi masa maganar ƙaddara ya nuna cewa juyawar ma cikin ƙaddarar Allah take. Ɗan jagoran da zai tsaya a kan ruwa ya ce wa mutane, nan ne, ga ranar, ga yawan waɗanda aka ɗauka, ga abin da aka yi ba daidai ba, wannan mutumin wa'azi yake yi ko bai sani ba. Da za a samu mai ɗaukar ɗaliban makarantunmu, da shugabannin masu kwale-kwale, da 'yan majalisar yankin, ya kai su bakin Watari sau ɗaya a shekara ya yi musu wannan bayanin a yi addu'a a dawo, da ni ne farkon mai biyan kuɗin mota.

Akwai kuma ilimin da ba na haɗari ba, na tarihi zalla. A Jebba, a gefen tashar jirgin ƙasa, an ajiye ƙarafan wani jirgin ruwa mai suna Dayspring, har da farfelarsa. Jirgin wani likita ne Bature mai suna Baikie, ya daki dutse a kogin Kwara a 1857. Mutumin bai koma gida ba, ya zauna ya kafa sansani a Lokoja, ya koyi Hausa, har Kano ya zo a 1862. Kafin shi Mungo Park ya halaka a ruwan Busa a 1806, wurin da tafkin Kainji ya shanye tun 1968. Wanda ya ga waɗannan a lokacinsu zai ce Turawa sun sha kashi, kogi ya fi ƙarfinsu. Amma kowane jirgi da ya fashe sai sun rubuta inda dutsen yake, na baya ya kauce masa. Shekara 46 bayan fashewar Dayspring, a 1903, sojojin Lugga suka fasa ganuwar Kano. A 1911 layin dogo ya iso, Sabon Gari ta biyo baya. Mutanenmu nawa suka ratsa Jebba a jirgin ƙasa zuwa Ikko ba su san ƙarfen nan yana da alaƙa da yadda unguwarsu ta zama yadda take ba? Irin wannan ziyarar ba ni da wata damuwa da ita, ina ma kwaɗaitar da ita.

Ga abin da muka tsaya a kai da shi. Jirgin da babu gawa a cikinsa, ko aka riga aka kwashe, ganinsa kamar ganin kowane kufai ne, la'adarsa halal ce, matuƙar tafiyar kanta ta tsira daga abubuwan da kowa ya sani: tsiraici a saman jirgi, giya, tozarta sallah, da jefa rai cikin haɗari ga wanda bai iya ruwa ba. Wannan kaɗai ma zai tace da yawa, domin na ga tallan. Wanda kuwa ya zama kabari, kamar Salem Express, kada ya sayar wa kowa tikitin shiga cikinsa, kada kuma ya sa hotunan kayan matattu a tallansa. Idan jirgin zai tsaya a sama ne a faɗi abin da ya faru a yi addu'a, ban hana ba.

Abu ɗaya ne har yanzu zuciyata ba ta natsu a kansa ba, kuma na faɗa masa: cin riba a kan wannan tsayawar ta addu'a. Ta fuskar fiƙihu kuɗin hayar jirgi ne da mai, ba ni da hujjar haramta shi. Amma na gwada sa kaina a matsayin wani dattijo a ƙauyen Masar wanda matarsa ke cikin jirgin nan tun 1991, aka ce masa wani a Kano yana samun dala kaza a kan duk wanda ya turo ya tsaya a kanta. Ban ji daɗi ba. Wataƙila wani malamin ya ga abin da ban gani ba, kuma ina maraba da gyara daga ma'abota ilimi da ke bibiyar wannan shafi, da hujja da ladabi.

Jiya ya turo min saƙo. Ya ce ya rubuta wa abokin hulɗar tasa sharuɗɗan, mutumin ya amsa cewa ba zai iya canza tsarin jirgi saboda baƙin mutum ɗaya ba, sai dai idan zai cika jirgin da mutanensa shi kaɗai, mutum ashirin a ƙalla. Yanzu lissafin da yake yi ke nan, ko zai iya tara ashirin. Ya kuma tambaye ni ko zan raka shi Bagwai ranar Asabar, yana so ya ga wurin, kuma ya ji nawa ake sayar da rigar kariya ta yara. Na ce masa ya zo bayan sallar Asuba, mu tafi da wuri kafin rana ta yi.

Allah Ya jiƙan yaran Badau, da alhazan 1973, da na Salem Express, da dukkan Musulmin da ruwa ya ci. Wallahu a'alam.